Lon Chaney

Leonidas Frank Chaney, wanda aka fi sani da Lon Chaney (1 ga Afrilu, 1883 – 26 ga Agusta, 1930), ɗan wasan kwaikwayo ne ɗan ƙasar Amurka a zamanin fina-finai marasa sauti. Ya shahara wajen fitowa a matsayin nakasassu da mutanen da jama'a ke ƙyama. Ana yi masa laƙabi da Mai Fuska Dubu, saboda shi da kansa yake yi wa kansa kwalliyar sauya kama.

Farkon rayuwa

An haife shi a garin Colorado Springs, a jihar Colorado. Iyayensa duka biyu kurame ne, don haka ya tashi yana magana da hannu da motsin fuska. Wannan ya yi masa rana daga baya, domin a fim marar sauti jiki ne ke isar da saƙo. Ya fara wasan dandamali a shekarar 1902, sannan ya koma harkar fim a kamfanin Universal.

Sana'a

Sunansa ya fito a 1919 da fim ɗin The Miracle Man, inda ya fito a matsayin ɗan damfara mai kwaikwayon gurgu. A fim ɗin The Penalty na 1920, ya naɗe ƙafafunsa ya ɗaure su ta baya don ya zama mutumin da aka yanke wa ƙafafu. A 1923 ya fito a matsayin Quasimodo, mai ƙusumbi da ke kaɗa ƙararrawar majami'ar Notre-Dame a birnin Paris, wanda aka yi wa bulala a bainar jama'a ana yi masa dariya. A 1925 kuma ya yi The Phantom of the Opera. Mutanen da yake kwaikwayo sukan ba da tsoro da farko, amma labarin kan nuna cewa suna son a ƙaunace su kamar kowa, kuma wulaƙanci ne ke tura wasunsu ga mugunta.

Mutuwa

Fim ɗaya kacal ya yi mai magana, wato The Unholy Three na 1930. Ya mutu a wannan shekarar a birnin Los Angeles sakamakon ciwon daji, yana da shekara 47. Ya fito a fina-finai sama da 150, amma mafi yawansu sun ɓace. Ɗansa, Lon Chaney Jr., ya gaje shi a sana'ar.