Jean Rouch, Baturen Da Ya Ɗauki Rayuwar Talakawan Nijar A Sinima

An haifi marigayi Jean Rouch a birnin Paris na ƙasar Faransa ran 31 ga watan Mayu, 1917. Ya yi ilmin injiniya na gina hanyoyi da gadoji, kuma wannan aiki ne ya fara kai shi ƙasar Nijar cikin 1941, zamanin mulkin Faransawa.

Cikin 1946 shi da abokansa biyu suka kama hanyar bin kogin Kwara a kwalekwale, tun daga mafarinsa har bakin teku. A wannan tafiya ce ya rasa ƙafafun da ake girka na'urar ɗaukar hoto a kansu, dole ya riƙa riƙe ta a hannu. Wannan ya ba shi damar kutsawa cikin jama'a, yana bin masunta da mafarauta wurin sana'arsu.

Abin da ya bambanta shi da sauran Turawa masu wannan aiki shi ne yakan komo ya nuna wa mutane hoton da ya ɗauke su. Cikin 1954 ya nuna wa Sarkawan garin Ayorou fim ɗin farautar dorina da suka yi. Suka ƙi amincewa da kiɗan da ya sa a ciki, domin a wurinsu kiɗa yana ƙara wa dorina ƙarfin zuciya ta tsere. Ya karɓi gyaransu, ya cire kiɗan.

Duk da haka bai tsira daga suka ba. Fim ɗinsa na 1955 mai suna Les Maîtres fous, kan 'yan borin Hauka, mutanen Nijar masu ci-rani a Gana, ya fusata 'yan bokon Afirka da dama, har Gwamnatin Ingila ta hana nuna shi a can. Ousmane Sembène na Senigal ya zarge shi da kallon baƙar fata kamar ƙwari.

Amma a hannunsa Oumarou Ganda ya fara fitowa a fim cikin 1958, daga baya ya zama babban mai shirya fim na Nijar.

Rouch ya yi fina-finai fiye da 100. Ya mutu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni ran 18 ga Fabrairu, 2004, yana da shekara 86. An binne shi a Yamai.