Mary Field: Malamar Da Ta Bar Allo Ta Koma Sinima

Idan kin taɓa kallon ɗan gajeren fim irin na majigi, wanda ake nuna yadda iri ke tsira, ko kin tambayi kanki wa ya tsara bayanin da kike ji? To, yau ga labarin wata mace da wannan ne aikinta.

An haifi Mary Field a Wimbledon ta ƙasar Ingila a 1896. Ta yi karatu a Kwalejin Bedford ta mata a Landan, ta zama malamar tarihi. A 1926 kamfanin British Instructional Films ya ɗauke ta don ta kula da sashen ilmi. Ba a daɗe ba aka damƙa mata jerin finafinan Secrets of Nature, wato asiran halitta.

Ga yadda aikin yake. Abokin aikinta Percy Smith yakan kafa na'urar ɗaukar hoto gaban tsiro kwana da kwanaki, tana ɗauka ɗaya bayan ɗaya. In aka haska, sai ki ga abin da ya yi makonni yana girma ya miƙe kan ki ƙifta ido. Amma fa hoto kurum ba darasi ba ne. Mary ce ke yankewa, ta jera, ta rubuta bayanin da zai shiga cikin kamar minti 10. Takan sa raha, ta kwatanta zaman ƙwari da na mutane, har wasu suna ganin wasan ya yi yawa. Ni dai ina bayanta. Duk wadda ta taɓa tsayawa gaban aji da rana tsaka ta san yaron da ke gyangyaɗi ba ya ɗaukar komai.

A 1944 attajirin sinima J. Arthur Rank ya ba ta shugabancin sashen finafinan yara. Matsalar kuɗi ta sa aka rufe shi a 1950, amma a 1951 aka kafa gidauniyar Children's Film Foundation, ita ce kuma ta ja ragamar aikin.

Abin da ya fi burge ni, ba ta yarda manya su yi wa yara zato ba. Sai ta sa aka riƙa ɗaukar hoton fuskokinsu cikin duhun sinima ba su sani ba, don a ga inda suka natsu da inda suka ƙosa. Sakamakon ya fito a 1954.

Ta rasu a 1968, tana da shekara 72.