Bubu Hama, mai bin tsofaffi da alƙalami

In ka taɓa zuwa Yamai, wataƙila ka shiga gidan tarihi na ƙasa, can inda ake kallon zakoki da kuraye. Sunan Bubu Hama ne aka sa wa gidan. To, ka san ko wane ne shi?

An haife shi a 1906 a Foneko, wani ƙauye kusa da Tera. Ya yi lakkol a Tera da Dori da Wagadugu, har ya kai Senegal. A 1929 ya komo gida, ya zama mushen lakkol.

Daga baya ya shiga siyasa, ya shugabanci majalisar dokoki. Da soja suka yi juyin mulki a 1974, sai suka tsare shi a Agadas.

Abin da ya dame shi tun da farko shi ne, tsoho in ya mutu, labarin da ke bakinsa ya tafi ke nan. Don haka ya riƙa tattara labarun mutanen da, yana rubutawa. Yana da littafi a kan tarihin Gobir da Sakkwato. Wani kuma, Kotia-Nima, labarin rayuwarsa ne, ya ci babbar kyauta. Sai dai da Faransanci ya rubuta su, sai ka nemi mai fassara maka.

Ya rasu a Yamai a 1982.