MALAM UMMARUN DALLAJE DA YAƘIN YUNWA A BIRNIN KATSINA

Gabatarwa

A cikin wannan ɗan taƙaitaccen bayani za mu duba rayuwar Malam Ummarun Dallaje, Sarkin Katsina na farko bayan jihadi, wanda ya yi sarauta daga 1807 zuwa 1835. Za mu fi mayar da hankali ga dabarar da ya ci birnin da ita, watau datse hanyoyin abinci da na fatauci har yunwa ta karya mutanen da ke cikin ganuwa. Irin wannan dabara ce manyan ƙasashe ke yi wa junansu da jiragen ruwa a bakin teku, har ta sa aka kafa dokoki a kanta.

Asalinsa

Malam Ummaru mutumin Dallaje ne, wani gari da ke ƙasar Bindawa ta yanzu, kuma da sunan garin nan ake kiran zuriyarsa Dallazawa. Malami ne daga cikin almajiran Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, yana da kusanci ƙwarai da Muhammadu Bello ɗan Shehu. Da Shehu ya yi hijira daga Ɗagel zuwa Gudu a 1804, yaƙi ya ɓarke, sai jama'arsa ta ƙasar Katsina ta tashi ƙarƙashin shugabanni uku: shi Malam Ummarun Dallaje, da Malam Ummarun Dumyawa, da Malam Muhammadu Na Alhaji.

Katsina Kafin Jihadi

Kafin mu fahimci girman abin da ya faru, wajibi ne mu san matsayin birnin a ƙarni na 18. Katsina ba ta da teku, amma hamadar Sahara ta zame mata teku, raƙuma su ne jiragenta, ita kuwa ita ce mashiga. Ayarin Agadas da Gadamas da Tarabulus a nan yake sauke kaya, fataken Gwanja kuma su kawo goro. Gari ne na malamai tun zamanin Wali Ɗan Marina da Wali Ɗan Masani, ga hasumiyar Gobarau tana shaida. Ganuwarta kuwa ta kai kimanin mil 13 a kewaye, da fili mai yawa a ciki. Birni mai irin wannan kariya ba ya ciwuwa da hawan doki na rana ɗaya.

Ƙawanya

Saboda haka sai masu jihadi suka bi ta bayan gida. Suka riƙa cin garuruwan da ke ciyar da birni ɗaya bayan ɗaya, suna tare hanyoyin da hatsi ke bi zuwa ƙofofi. Duk faɗin gonakin cikin ganuwa, ba su isa su riƙe jama'ar babbar alƙarya ba, balle ga 'yan gudun hijira da yaƙi ya koro daga ƙauyuka. Rumbuna suka ƙare, kasuwa ta mutu.

Bature mai yawon bincike, Heinrich Barth, wanda ya sauka Katsina a 1851, ya rubuta abin da mutanen gari suka gaya masa game da wannan masifa. Sun ce yunwa ta kai har ana sayar da mushen ungulu wuri 500, ƙadangare kuwa wuri 50. Duk Bahaushe ya san ƙyamar da ake yi wa ungulu, don haka wannan farashi kaɗai ya isa ya nuna inda wuya ta kai. Barth ya ce yaƙin ya ɗauki shekara bakwai, amma lissafi bai goyi bayansa ba, domin jihadi ya fara a 1804, birnin kuma ya faɗi a 1807. Mai yiwuwa tsananin wahala ne ya tsawaita shekarun a bakin masu ba da labari.

Sarkin Katsina Magajin Haladu ya fice ya nufi Ɗankama, aka bi shi aka ci shi da yaƙi, a can ya rasu. Ɗan Kasawa ya ja ragowar jama'a zuwa Damagaram, daga baya suka kafa zamansu a Maraɗi. Malam Ummaru ya shiga Gidan Korau a matsayin sarki.

Yadda Ake Yi a Teku

Abin lura shi ne, a daidai waɗannan shekaru Turawa ma suna gwada wannan makami a kan junansu. A 1806 Napoleon na Faransa ya haramta wa ƙasashen Turai ciniki da Ingila, Ingila kuma ta mayar da martani a 1807 da tsare tashoshin jiragen ruwa na abokan gābarta. Rigimar da wannan ya jawo da ƙasashen da ba ruwansu da yaƙin ta daɗe, sai a 1856 aka yi yarjejeniya a Paris cewa tsare gaɓar teku ba ta zama doka sai in akwai isassun jiragen da za su hana shiga da fita da gaske. To amma wannan doka haƙƙin 'yan kasuwa ta kare, ba ta ce kome game da mai jin yunwa ba. Ingila ta datse wa Jamus teku daga 1914 zuwa 1919, mu ma a nan gida an datse wa yankin Biyafara hanyoyin ruwa da na ƙasa a yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970, kuma ko'ina yara da tsofaffi ne suka fi jin jiki. Sai a 1977 aka ƙara wa dokokin Janiba sharaɗin da ya haramta amfani da yunwa a kan farar hula. Shari'ar Musulunci ta daɗe da hana kashe mata da yara da tsofaffi a fagen fama, sai dai matsalar ƙawanya ita ce yunwa ba ta bambance mai takobi da mai goyo.

Sarautarsa da Rasuwarsa

Malam Ummaru ya sami birni, amma bai same shi yadda yake a da ba. Attajirai da yawa sun kwashe dukiyarsu sun koma Kano, ayari kuma ya bi su. Mutanen Maraɗi, tare da Gobirawa, suka shiga kai hare-hare a arewaci da yammacin ƙasar, hanyoyi suka zama abin tsoro. Wanda ya rufe wa birni hanya jiya, yau shi ne mai fafutukar buɗe ta. Haka ya shafe shekara 28 yana tsare iyaka, yana tsayar da shari'a, yana lallashin sauran gidajen jihadi waɗanda kowannensu ke riƙe da yankinsa. Ya rasu a 1835, ɗansa Siddiƙu ya gaje shi. Dallazawa suka ci gaba da sarauta har 1906, lokacin da Turawa suka naɗa Muhammadu Dikko.

Kammalawa

Da Barth ya shigo, shekara 16 bayan rasuwar Malam Ummaru, ya ƙiyasta mazauna birnin ba su wuce 7,000 zuwa 8,000 ba, cikin ganuwar da yake ganin ta taɓa ɗaukar kusan 100,000. Tarihi ya shaidi Malam Ummaru da ilmi da juriya, shi ne kuma ya kafa daular da ta ɗore shekara ɗari ba ɗaya. Amma ya kamata mu ɗalibai, idan muna karanta labarin nasara, mu riƙa tunawa da waɗanda suka sayi ƙadangare wuri 50, domin su ma Katsinawa ne. Allah ya jiƙan magabata, amin.