Paul Erdos: Masanin lissafin da ya gano doka a cikin ƙuri'a

Paul Erdos ya shafe mafi yawan rayuwarsa ba gida, ba iyali, ba kuma tsayayyen aiki, amma da wuya a sami masanin lissafi a ƙarni na 20 da ya kai shi yawan rubuce-rubuce.

An haife shi a birnin Budapest na ƙasar Hungary ranar 26 ga watan Maris na 1913. Iyayensa Yahudawa ne, kuma dukkansu malaman lissafi.

Yayyensa mata biyu sun rasu sakamakon wani zazzaɓi a daidai lokacin haihuwarsa, daga bisani kuma sojojin Rasha suka kama mahaifinsa a Yaƙin Duniya na Ɗaya, inda ya yi shekara shida tsare a Siberiya.

Ya sami digirin digirgir a 1934 yana da shekara 21, ya wuce Manchester a Ingila, sannan ya tafi Amurka a 1938 yayin da ƙyamar Yahudawa ke ƙara tsananta a Turai. 'Yan Nazi sun hallaka da dama daga cikin danginsa.

Garuruwa dubu

Ɗaya daga cikin manyan ayyukan da ake tunawa da shi shi ne wanda ya yi tare da ɗan ƙasarsu Alfred Renyi, a wasu maƙaloli da suka wallafa a 1959 da 1960.

Tambayar da suka tunkara ita ce: idan aka baza ɗige-ɗige masu yawa, aka riƙa haɗa biyu-biyu da layi ta hanyar ƙuri'a, wane irin tsari ne zai fito?

A ɗauka akwai garuruwa 1,000 da babu hanya tsakaninsu, kuma duk sanda za a gina hanya sai a jefa ƙuri'a a zaɓi garuruwa biyu.

Da fari ƙananan rukunai ne kawai za su bayyana, kowanne a ware da sauran.

Sai dai da zarar hanyoyin sun zarce 500, wato kowane gari na da fiye da hanya guda idan aka raba daidai, al'amarin kan sauya cikin hanzari: rukunan su haɗe, a sami wani ƙaton rukuni da ya haɗiye kaso mai yawa na garuruwan.

Sai hanyoyin sun kai kimanin 3,500 kafin a fara sa ran cewa babu garin da ya rage a ware.

Abin da suka tabbatar shi ne, ko da yake ba a san inda kowace hanya za ta faɗa ba, ana iya sanin lokacin da sauyin zai auku. A Amurka ma, Edgar Gilbert ya gabatar da makamancin wannan tsari a 1959.

Masu nazarin annoba na aiki da irin wannan iyaka: idan kowane majinyaci na harbar ƙasa da mutum guda cutar kan mutu da kanta, idan kuwa ya zarce haka tana iya game al'umma.

Bincike a 1998 da 1999 ya nuna cewa alaƙar jama'a da shafukan intanet ba su bin ƙuri'a zalla, domin wasu kan tara mahaɗa fiye da kima. Duk da haka da aikin Erdos da Renyi ake auna sababbin nazarce-nazarcen.

Rayuwa a cikin akwati

Erdos ya riƙa yawo daga jami'a zuwa jami'a da 'yan kayansa a akwati, yana sauka a gidajen abokan aiki har sai sun warware wata matsala tare.

A 1954, lokacin da ake tsananin zargin masu alaƙa da ƙasashen gurguzu, hukumomin Amurka sun hana shi izinin sake shiga ƙasar, lamarin da ya ɗauki shekaru kafin a janye.

Ya wallafa maƙaloli kimanin 1,500 tare da mutane fiye da 500, kuma akasarin kuɗin da ya samu ya rabar da su ga ɗalibai da masu warware matsalolin da ya gindaya.

Ya rasu a birnin Warsaw ranar 20 ga watan Satumba na 1996 sakamakon bugun zuciya, yana da shekara 83, a lokacin da yake halartar wani taron masana lissafi.