Thorleif Haug, Gwanin Tsere a Kan Ƙanƙara

A ƙasar Norwe, can arewacin Turai, ƙanƙara takan rufe ƙasa wata da watanni. Hunturun Batsari da Safana wasa ne in an gwada shi da nasu. Mutanen can sukan ɗaura dogayen katakai a ƙafa, su yi ta sulɓi bisa ƙanƙara. Suna da wata gasa mai wuya: mutum ya diro daga kan tudu, ya kuma yi tsere mai nisa, kana a haɗa makinsa.

A can aka haifi Thorleif Haug cikin 1894. Mai gyaran famfo ne a garin Drammen. A wasannin Olamfik na 1924, a Faransa, ya cinye wannan gasa, da tseren kilomita 18, da na 50. Aka kuma ba shi lambar na uku a tsalle. Ciwon huhu ya yi ajalinsa cikin 1934.

Sai a 1974 aka gane an yi kuskuren lissafi. Ashe Anders Haugen na Amurka ne na uku! Aka kirawo shi Norwe, ya zo tsoho tukuf. 'Yar Haug ta miƙa masa lambar da hannunta.