Archie Moore, Tsohon Tunku: Daga Fagen Dambe Zuwa Fim

A shafin tarihi na wannan fitowa ta bikin zagayowar shekara, mun zaɓo ɗan damben Amurka Archie Moore, wanda ake yi wa laƙabi da Tsohon Tunku saboda wayonsa a fage. Mu da muke neman abinci a ƙasashen wasu, labarinsa ba baƙo ba ne a wurinmu.

An haife shi a garin Benoit na jihar Misisifi. Mahaifiyarsa ta ce a 1913 ne, shi kuwa ya kafe a kan 1916. Ya shiga damben kuɗi a tsakiyar shekarun 1930, amma zakarun ajinsa, wato ajin 'yan kilo 79, suka yi ta kauce masa. Sai ya ɗauki jaka ya bi kasuwa inda take ci: Ostireliya a 1940, Ajantina a 1951.

Sai a ranar 17 ga Disamba 1952 aka ba shi damar karawa da zakaran duniya Joey Maxim a birnin St. Louis, shi ma bayan an lamunce wa Maxim dala 100,000. Moore ya ci kambun, amma abin da ya shiga aljihunsa bai wuce dala 800 ba. Duk wanda ya taɓa karyar da kaya don ya kama sabuwar kasuwa ya san wannan lissafi. Kambun ya zauna a hannunsa kusan shekara goma.

Damben da aka fi tunawa shi ne na Montreal a 1958. Yvon Durelle ya kai shi ƙasa sau uku a turmin farko, ya ƙara a turmi na biyar, amma tsohon ya yi ta tashi har ya gama da shi a turmi na 11. A ajin manya kuwa bai yi sa'a ba: Rocky Marciano, Floyd Patterson da matashi Cassius Clay duk sun doke shi.

Tun yana riƙe da kambu fim ya kira shi. A 1960 ya fito a The Adventures of Huckleberry Finn a matsayin Jim, bawan da ya gudu neman 'yanci. Bayan ya bar dambe a 1963 ya fito a The Carpetbaggers, da The Fortune Cookie, da Breakheart Pass tare da Charles Bronson. Yawancinsu ƙananan fitowa ne, kuma a ganinmu babu wanda ya kai Jim.

Afirka ma ta gan shi. Yana cikin masu kula da George Foreman a Kinshasa a 1974, sannan ya taimaka wajen horar da 'yan damben Najeriya don gasar Olamfik ta 1976. Yaran ba su yi ko turmi ɗaya ba, domin Najeriya na cikin ƙasashen Afirka da suka ƙaurace wa gasar. Moore ya rasu a San Diego ranar 9 ga Disamba 1998.